Ba sanyi ne ke kunna hasken Aurora ba

Abin yana damuna in ji ana cewa tsananin sanyi ne ke haifar da koren hasken nan da ake gani a samaniyar ƙasar Aislan. Masu faɗar haka suna da dalili: daga Satumba zuwa Afrilu ake kwasar baƙi daga Reykjavik, babban birnin ƙasar, su wuni suna kallon ƙasar da aman wuta ya ƙona da ruwan zafin da ke tsartuwa a Geysir, dare ya yi su tsaya cikin jaura, hannu a aljihu, ido a sama.

Amma daga rana abin yake zuwa. Tana feso ƙananan ƙwayoyi masu cajin lantarki, maganaɗisun duniya ya karkatar da su wajen ƙuryar arewa da kudu, su bugi iskar oksijin a nisan kilomita 100 ko fiye, sai ta yi kore. Wannan yana faruwa duk shekara. A watan Yuni dare ba ya yin duhu a Aislan, shi ya sa ido ba ya kama shi.

A Mayun 2024 da rana ta yi feshi mai ƙarfi, an ga hasken har a Meksiko, ƙasar da ba ta da irin wannan sanyi. Abin da matafiyi zai roƙa shi ne duhu da sama marar gajimare.