Kaset ɗin Game Boy da ya daina ajiya bai mutu ba

Masu tara tsofaffin kaset na Game Boy a Damagaram sukan ce duk kaset ɗin da ya manta inda ka tsaya a wasa, ya lalace ko jabu ne. Ba haka ba ne.

Game Boy, na'urar wasa ta hannu da kamfanin Nintendo ya fitar a 1989, ba ta riƙe komai a cikinta. Ajiyar tana cikin kaset, kuma wani ɗan batir mai kamar kwabo ke raya ta. Batir ɗin ya shekara 20 ko 30, ga zafin garinmu, dole ya ƙare. Wasan kansa yana nan lafiya lau. Wasannin Pokémon Gold da Silver sun fi saurin shanye batir, domin akwai agogo a ciki da ke tafiya ko an kashe na'ura. Tetris kuwa ba shi da batir sam.

Mai gyaran waya a Kasuwar Dole zai iya buɗewa ya liƙa sabon batir da dalma, nau'in CR2025 ko CR1616, gwargwadon wanda ya tarar a ciki. Sai dai tsohuwar ajiya ta tafi ke nan, daga farko za ka soma.