Wasa nawa ya kamata yaro ya buga kafin a sallame shi?

A wata yammacin Oktoba, muna zaune a kan bencin ƙarfe a filin wata makarantar sakandare da ke wajen birnin Indiyanapolis, wani Ba'amurke wanda ɗansa ne mai tsaron gidan ƙungiyar da ɗana yake bugawa ya juyo ya tambaye ni wasa nawa 'yan sakandare suke bugawa a kaka guda a Najeriya. Tambayar hira ce, irin wadda ake yi don a manta da sanyi, amma sai ta tsaya mini a maƙogwaro, domin amsar gaskiya ita ce a shekarar da na samu shiga ƙungiyar makarantarmu a Kano, wadda kuma ita ce shekarata ta ƙarshe, wasa biyu kacal muka buga. Mun ci na farko, aka fitar da mu a na biyu da bugun fenareti, kuma tun daga ranar ban sake sa rigar makarantar ba. Na ce masa abin ya danganta da makaranta, na mayar da idona fili, amma har muka isa gida maganar tana cina.

Abin da ya ƙara wa tambayar zafi shi ne irin wasan da muke kallo. Ƙungiyar su ɗana ba ta taɓuka abin kirki ba a wannan kakar, domin cikin wasanni 15 da ke kan takardar da aka raba wa iyaye tun watan Agusta, biyu kawai suka ci. A lissafina an gama, har na ce masa ya wanke takalmansa ya ajiye sai baɗi. Sai ya dube ni da mamaki ya ce, "Baba, ai gasar ma ba a fara ba tukuna." Ashe duk waɗancan wasannin share fage ne, kuma a jihar Indiyana babu makarantar da ake hana ta shiga gasar cin kofin jiha saboda ta sha kashi a kakar wasa.

Ina so mai karatu a gida ya ga filin nan yadda na gan shi. Ciyawar roba ce shimfiɗe, an ja mata layuka masu launi daban-daban saboda wasanni uku ake yi a kanta, ga manyan fitilu a kusurwoyi huɗu, ga allon lantarki mai nuna ƙwallaye da mintunan da suka rage. Motar makaranta mai launin rawaya ce ta kawo yaran, kuma ita za ta mayar da su. A gefen fili akwai wata ma'aikaciyar lafiya da jakar ƙanƙara da bandeji, ba ta da wani aiki sai jiran wanda zai faɗi. Kafin a take wasa an kira sunan kowane yaro da lasifika, har da waɗanda ke benci, aka rera taken ƙasa, iyaye kuma suna lulluɓe da barguna suna riƙe da kofunan shayi. Duk wannan hidimar an yi ta ne domin ƙungiyar da aka lallasa kusan kowane mako na wata biyu. An ci su 2 da 1 a daren, ɗana ya yi kuka a mota, amma ya kwanta yana da wasanni 16 a ƙafarsa.

Daga baya na zauna na fahimci tsarin, kuma abin da ya fara ba ni mamaki shi ne babu wani tsari guda na ƙasa baki ɗaya. Akwai wata tarayya mai suna NFHS da aka kafa a 1920, wadda hedikwatarta take nan Indiyanapolis, kuma ita take rubuta dokokin yadda ake buga wasa, amma yawan wasanni da yadda ake fitar da zakara aikin hukumar kowace jiha ne. Shi ya sa yaro a Indiyana da sa'ansa a Tekzas za su yi wasa iri ɗaya, da ƙwallo iri ɗaya, amma hanyar da kowannensu zai bi zuwa kofi ta sha bamban.

An fi ganin bambancin a ƙwallon ƙafar Amurka, wadda ake rungumar ƙwallon a ruga da ita, domin ita ce ta fi tara jama'a a daren Juma'a. A Indiyana wasanni 9 ake yi a kaka, sannan kowace makaranta ta shiga zagayen sili-ɗaya-ƙwale, tsarin da aka fara amfani da shi a wannan wasan tun 1985. Hukumar jihar, IHSAA, ba ta duba wanda ya fi ƙoƙari wajen haɗa abokan karawa, ƙuri'a take jefawa, don haka yana yiwuwa ƙungiyoyi biyu mafi ƙarfi a shiyya su haɗu a daren farko, ɗaya ta tafi gida, alhali raunana biyu suna can suna fafatawa a wani filin. Daga matakin shiyya sai na yanki, sai na kusa da na ƙarshe, sai wasan ƙarshe a filin Lucas Oil a ƙarshen Nuwamba. An kasa makarantu aji shida gwargwadon yawan ɗalibansu, kuma makarantar da ta cika lashe kofuna a jere akan ɗaga ta zuwa aji na sama ko da ɗalibanta ba su ƙaru ba. Zakara yakan ƙare da wasanni 14 ko 15, ya danganta da ajinsa.

A Tekzas kuwa sai ka cancanta. Hukumar UIL mai kula da gasannin makarantun jihar, wadda ta samo asali daga Jami'ar Tekzas a 1910, tana kasa makarantu gunduma-gunduma, tana kuma sake rabon duk bayan shekara biyu. Wasanni 10 ake yi, sannan a manyan azuzuwa ƙungiyoyi huɗu na sama a kowace gunduma su wuce, sauran su rataye kaya. Waɗanda suka wuce suna da zagaye shida a gabansu, wato wanda ya ɗaga kofi a filin AT&T da ke Arlington a watan Disamba ya buga wasanni 16 ke nan. A da ƙofar ta fi haka ƙunci. A 1988, lokacin da ƙungiyoyi biyu kaɗai ke fita daga gunduma, makarantu uku a yammacin jihar, Permian ta garin Odessa da wasu biyu na garin Midland, sun yi kunnen doki, aka rasa yadda za a yi sai da masu horarwa suka haɗu da tsakar dare aka jefa kwabo, kuma faɗuwar kwabon ce ta kawo ƙarshen kakar ɗaya daga cikinsu. A ƙananan ƙauyukan da ɗalibai ba su kai a haɗa mutum 11 ba, mutum shida-shida suke bugawa, kuma suna da kofinsu na jiha kamar kowa.

Sauran jihohin kowacce da nata. Minesota wasanni 8 take yi kafin zagayen fitarwa. Kentaki har yau ba ta raba manyan makarantu da ƙanana a gasar ƙwallon kwando ta jiha ba, zakarun yankuna 16 ne suke haɗuwa a birnin Lexington a watan Maris a fitar da gwani guda. Indiyana ma haka take yi har zuwa 1997, kuma dattawan nan ba su daina ba da labarin 1954 ba, shekarar da makarantar ƙauyen Milan mai ɗalibai 161 ta doke babbar makarantar Muncie Central da ci 32 da 30 ta ɗauki kofin jiha.

Su kansu Amurkawa suna jayayya a kan waɗannan tsare-tsare, kuma wasu ƙorafe-ƙorafen suna da tushe. Wasanni 16 na karo da kai da ƙirji sun yi yawa ga yaro ɗan shekara 16, ganin cewa ƙwararrun NFL, babbar gasar ƙwallon ƙafar Amurka, manya masu albashi da likitoci, wasanni 17 suke yi a kakarsu. Barin kowa ya shiga gasa kuma yana haifar da wasannin da ba su da daɗin kallo, har ta kai Indiyana ta kafa dokar barin agogo ya yi ta tafiya ba tsayawa idan tazara ta kai maki 35 bayan hutun rabin lokaci. Akwai kuma almubazzaranci, kamar filin dala miliyan 60 mai kujeru 18,000 da garin Allen na Tekzas ya buɗe wa makarantar sakandarensa a 2012. Na yarda da duk wannan. Sai dai na lura cewa gardamar tasu kaf a kan abin da zai biyo bayan kakar wasa ce. Mai son ƙuri'a da mai son cancanta, mai cewa 8 da mai cewa 10, dukkansu sun riga sun amince cewa kowane yaro, gwani ko ɗan koyo, zai san ranakun wasanninsa tun kafin a buɗe makaranta, kuma babu sakamakon da zai ƙwace masa su.

Namu kuwa ba sai na faɗa wa kowa ba. Gasar gidaje sau ɗaya a shekara da maci da manyan baƙi, sai kofin da wani kamfani ko wani mai neman suna ya saka, a yi sili-ɗaya-ƙwale cikin mako biyu a watse. Ina roƙon mai karatu ya yi wannan lissafin da kansa. Idan makarantu 64 suka shiga irin wannan gasa, wasanni 63 za a buga gaba ɗaya, makarantu 32 za su koma gida bayan wasa ɗaya tak, wasu 16 kuma bayan wasa biyu, kuma a cikin waɗannan 16 ɗin nake. Makarantu takwas da ke maƙwabtaka da juna, idan suka yi gida da waje, kowacce za ta samu wasanni 14. A yammacin Tekzas yara sukan yi tafiyar sa'o'i a mota kafin su tarar da makarantar da za su kara da ita, mu kuwa a cikin birnin Kano makarantu takwas ɗin nan kuɗin adaidaita sahu ne tsakaninsu, wasu ma da ƙafa za a je. Ba a buƙatar ciyawar roba ko allon lantarki kafin shugabannin makarantu takwas su zauna su rubuta ranakun Laraba 14 a takarda su sa hannu.

Na san abin da wasu iyaye za su ce, cewa ƙwallo tana lalata karatu. Tekzas ta amsa wannan tun 1984 da dokar da ta ce ɗalibin da ya kasa samun maki 70 a darasi za a dakatar da shi daga wasa har sai ya gyara. Irin wannan doka ba ta da amfani sai idan akwai wasan mako mai zuwa da yaro yake tsoron rasawa. Wanda aka riga aka fitar a makon farko ba shi da abin da za a tsare shi da shi.

Akwai amsar da na so a ce na ba mutumin nan a kan benci, kuma na sha maimaita ta a zuciyata. Da na ce masa mu kullum muke wasa, daga la'asar har a kira magariba, babu koci, babu alƙali, babu kuɗin rajista, kuma ɗana da ya buga wasanni 16 bai taɓa sanin daɗin wasan da babu babba ko ɗaya a kusa ba. Da na tuna masa cewa Najeriya ta ɗauki kofin duniya na 'yan ƙasa da shekara 17 har sau biyar, a 1985 da 1993 da 2007 da 2013 da 2015, ƙasarsa kuwa ko sau ɗaya ba ta taɓa ɗauka ba. Wannan gaskiya ce, kuma ina alfahari da ita. Amma ba ita ya tambaye ni ba, kuma ƙwallon unguwa ta yaro mai ƙarfin hali ce, wanda zai iya ture na gabansa ya shiga. Yaro mai kunya ba ya samun gurbi a can, yarinya kuwa ba a ma maganarta, alhali a nan, tun bayan dokar 1972 da ta hana makarantun da ke karɓar kuɗin gwamnatin tarayya nuna bambancin jinsi, 'yan mata suna da kakarsu da gasarsu da ranar wasan ƙarshensu.

A zauren wasannin makarantar su ɗana akwai tutoci rataye a bango, kowacce da shekarar da aka ci kofin shiyya, wasu sun girmi malaman da ke koyarwa yanzu. Da na je gida hutun da ya wuce na bi ta tsohuwar makarantarmu ina fatan in ga ko hoton ƙungiyarmu ne a ofis, amma ban samu wanda ya san an taɓa yin wannan gasar ba. Filin ma ya tsuke, an gina shaguna a ɓangaren da ragar gabas take, daidai inda aka buga fenaretin nan. A ragowar filin wasu yara suna wasa da duwatsu a madadin raga, wani dogo a cikinsu yana buga baya da natsuwar da ban gani ba a duk wasanni 16 da na kalla a Indiyana. Da suka tsaya shan ruwa na kira shi na tambaye shi wasa nawa ya buga wa makaranta bana. Ya ce, "Malam, tun da na shigo ba a yi ba, amma an ce za a saka kofi bayan jarrabawa." Yana aji shida.