Wai ɗan wasa ba shi da kai? Ku ƙyale Jaipal Singh ya huta

Tun jiya da daddare nake haɗiye maganar nan, na ga dai in ban amayar da ita ba barci ba zai yiwu ba. Kun ga jerin nan da ake ta yaɗawa, na 'yan wasan da wai suka fake da suna suka shiga siyasa. Wanda ya turo mana shi a zauren tsofaffin ɗalibai har da ƙarin gishirinsa: wai ɗan wasa ƙarfin jiki Allah ya ba shi, kai kuwa sai a hankali. Da ya tsaya a kan waɗanda ya sani da ban tanka ba. Sai ga hoton Jaipal Singh Munda a tsakiyar jerin, an rubuta a ƙasa wai ɗan ƙwallon gora ne da farin jini ya kai majalisa. Farin jini! Malam, wannan jahilci ne, kuma irin wanda ake sayen data a yaɗa shi.

Farin jini a wurin wa? Mutanen da suka yi ta zaɓen Jaipal Singh mazauna daji da duwatsun yankin Chotanagpur na ƙasar Indiya ne, 'yan asalin ƙasa da ake kira Adivasi: Munda, Santhal, Oraon, Ho. Manoma ne da masu aikin haƙar ma'adinai. A 1928 da ya ja tawagar Indiya zuwa gasar Olamfik a Amsterdam, babu talabijin, babu wayar da za ta nuna musu wasan. Babban zaɓen farko bayan 'yancin Indiya kuwa sai a 1952 aka kammala shi, shekara 24 bayan tawagar ta ci zinare a gasar. Wace lambar zinare ce take ajiye wa mutum ƙuri'a shekara 24? Ku da kuke manta gwarzon da ya ci muku kofi bara? Ba sandar wasa ce ta kai shi majalisa ba.

Yaro ne da aka haifa a ƙauyen Takra kusa da Khunti a 1903, ya yi kiwon shanu kamar kowane yaron ƙauye. 'Yan mishan suka ga kansa na ja, suka sa shi makarantar St. Paul a Ranchi, daga can shugaban makarantar ya tafi da shi Ingila. Ya shiga Jami'ar Oxford, ya karanta ilimin tattalin arziki, ya buga wa jami'ar ƙwallon gora. Aka ɗauke shi cikin masu horon shiga babban aikin gwamnatin mulkin mallaka, aikin da a zamanin duk ɗan boko a Indiya yake mafarkinsa, kujerar da in ka hau ta kai da talauci har abada. Wannan shi ne mutumin da mai turo mana jeri ya ce kansa sai a hankali. Ni dai na san takardar mai jerin, ajinmu ɗaya, amma bari in rufa asiri.

Da lokacin Olamfik ya zo ya nemi hutu, aka hana shi. Ya tafi abinsa. Da ya dawo aka ce sai ya ƙara shekara guda a horon, ya ajiye musu aikinsu ya yi gaba. A Amsterdam ɗin ma tawagar ta buga wasa 5, ta zuba ƙwallo 29, ba a jefa mata ko ɗaya ba, ɗan wasansu Dhyan Chand shi kaɗai ya ci 14. Amma ranar wasan ƙarshe da suka doke Holan da ci 3 da nema, kyaftin ɗin ba ya cikin fili. Ya samu saɓani da masu kula da tawagar ya fice kafin ranar. Ku tsaya ku yi tunanin wannan. Mai neman suna ne zai bar filin da za a rataya masa zinare a gaban duniya? Mai kwaɗayin tafi ko da rarrafe sai ya shiga. Shi halinsa ke nan tun yana saurayi, in ya ga raini sai ya tattara nasa ya nasa.

Bayan nan ya yi aiki da kamfanin mai na Burmah Shell a Kalkata, ya zo nan maƙwabta ya koyar a Kwalejin Achimota a Gana, lokacin ana ce mata Gold Coast, ya koma gida ya yi aiki a makarantar 'ya'yan sarakuna a Raipur, har ya riƙe babban muƙami a masarautar Bikaner. Ga albashi, ga kwat, ga cin abinci da manya. Duk ya bari a 1939 ya karɓi shugabancin ƙungiyar Adivasi Mahasabha, don mutanen da ake haƙo kwal da ƙarfe a ƙarƙashin gonakinsu, an gina masana'antar ƙarfe ta Jamshedpur a ƙasarsu, su kuma rabonsu dako da leburanci da bashin da ba ya ƙarewa. Baƙin da suke zuwa su kwashe filaye suna da suna a bakinsu, diku suke ce musu. Wannan kukan ya ɗauka, shi ya sa suka laƙaba masa Marang Gomke, wato babban jagora. Ba a ba mutum irin wannan suna don ya iya kaɗa ƙwallo da sanda.

Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne mai jerin bai taɓa jin abin da mutumin nan ya faɗa a majalisar rubuta tsarin mulkin Indiya ba. A watan Disamba 1946 ya miƙe a gaban su Nehru ya kira kansa da sunan da ake zagin mutanensa da shi, ɗan daji, ya ce yana alfahari da shi. Ya ce shekara dubbai ana wulaƙanta mutanensa ana korarsu daga ƙasarsu, kuma ba wanda zai koya musu dimokuraɗiyya, sai dai a zo a koya a wurinsu. Wallahi duk sanda na tuna wannan sai jikina ya yi sanyi. Duk wanda aka taɓa ce wa baƙauye a ofis don hausar bakinsa ko yankan rigarsa ya san nauyin mutum ya ɗauki zagin ya ɗaura shi kamar rawani.

Har maganar hana giya da ta taso a majalisar, zauren cike da almajiran Gandhi, shi ya tashi ya ce bai yarda ba, domin giyar shinkafa tana cikin ibadun gargajiyar mutanensa. Ni Musulmi ne, a nan ba na tare da shi ko kaɗan. Amma ku gaya mini, mai farautar farin jini ne zai faɗi wannan a wannan zaure? Ya san za a harare shi, ya faɗa, saboda waɗanda suka aiko shi abin ya shafe su.

Na san me za a rubuto a ƙasa, har na hango. "Ai a 1963 ya narkar da jam'iyyarsa cikin Congress." Na ji. Jam'iyyarsa ta Jharkhand mai alamar zakara, mai neman a ba Adivasi jiharsu, wadda ta ci kujeru 32 a majalisar jihar Bihar a 1952 ta zama babbar 'yar adawa, shi da kansa ya kai ta gidan abokan hamayya, wato Congress, jam'iyyar su Nehru mai mulki, bayan hukumar sake fasalin jihohi ta ƙi ba su jiha a 1955. Da yawa daga mutanensa ba su yafe masa ba. To sai me? Wannan laifin 'yan siyasa ne tsantsa, irin wanda kuke gani duk kakar zaɓe a wurin waɗanda ko tsere ba su taɓa yi ba. Ɗazu kun ce ba shi da kai, yanzu kuma kun ce wayonsa ya yi yawa. Ku zaɓi ɗaya mana. Zakaran dai ya yi cara, ko da a makare: ranar 15 ga Nuwamba 2000 aka yanke jihar Jharkhand daga Bihar, shekara 30 bayan rasuwarsa a 1970. Yau gwamnatin jihar da sunansa take tura 'ya'yan Adivasi karatu Ingila.

Wani kuma zai ce ai shi kaɗai ne, sauran fa? Ni ba lauyan sauran ba ne. Akwai Aslam Sher Khan da ya ci kofin duniya na ƙwallon gora a 1975 ya zama ɗan majalisa, akwai Pargat Singh, shi ma ɗan ƙwallon gora da ya shiga siyasa a jihar Punjab, akwai Dilip Tirkey, shi ma Adivasi ne daga Odisha, ya buga wa ƙasarsa wasa 412 kafin ya shiga majalisar dattawa a 2012. Kowa a auna shi da abin da ya yi a kujerar. Wanda sunansa kawai ya kai shi, ku faɗa, ba zan hana ku ba. Jaipal Singh dai ku cire shi daga jerin nan, don ba sandar wasa ce ta kai shi ba, magana ce da shi kuma ya faɗe ta a inda ake jin tsoron faɗa.

Abin dariyar ma, mu da muka girma muna kallon fina-finan Indiya har muna gyara wa juna waƙa, muna ganin mun san ƙasar ciki da bai. Tambayi mutum Jharkhand, sai ya ce maka sunan jarumi ne.

Af, na tuna. A makarantarmu ta kwana akwai sandunan ƙwallon gora cike da wani akwatin katako a ɗakin ajiyar kayan wasanni, sababbi fil, da zaren da aka naɗe mariƙinsu. Shekara shida na yi a makarantar ban ga an buga wasan ko sau ɗaya ba, malamin wasannin ma ina zaton bai san dokarsa ba. Mu dai mun gano lanƙwasar bakin sandar ta fi komai iya ƙwamo mangwaro daga reshe, manyan ɗalibai kuma suka gano wani amfanin nata a bayanmu. Mai turo jerin nan, in bai manta ba, shi ne mai riƙe da makullin ɗakin. Har yau ban ji ya faɗi inda sauran sandunan suka shiga ba.