Nargis da matan fim na Kano, kamar yadda nake gani daga Mumbai

A unguwar Bandra da ke Mumbai, kan tudun da ake kira Pali Hill, akwai titi mai suna Nargis Dutt Road. Ranar da na fara karanta allonsa ina cikin a-daidaita-sahu, sai hankalina ya koma ɗakin mahaifiyata a Fagge, inda matan gida da na maƙwabta kan taru bayan isha'i su kalli Mother India a kaset, suna share hawaye da gefen mayafi duk da cewa sun riga sun haddace ƙarshensa. Maza a sinimar Plaza ko Marhaba suka gan shi, mata kuwa sai da bidiyo ya shigo gida. A cikinsu babu wadda ta san jarumar wannan fim na Indiya da suna Nargis; Radha suke ce mata, sunanta a fim ɗin, balle su san cewa sunanta na yanka Fatima ne.

An haifi Fatima Rashid a Kalkata ranar 1 ga Yuni, 1929. Mahaifiyarta, Jaddanbai, mawaƙiya ce da ta fito daga gidan matan da ke yi wa masu hali waƙa da rawa, sana'ar da ake jin daɗinta da dare a kuma kushe ta da safe, daga baya ta shiga shirya fim. Mahaifinta ɗan Hindu ne da ya musulunta ya zama Abdul Rashid. Uwar ce ta saka ta a fim tun 1935 tana ƙaramar yarinya, kuma a 1943, tana da shekara 14, darakta Mehboob Khan ya ba ta matsayin jaruma. Daga nan ta yi fina-finai 16 tare da Raj Kapoor, magidanci mai mata da 'ya'ya, kuma abin da ke tsakaninsu ya daɗe yana bakin jama'a. Na kawo wannan ne domin mai karatu ya san cewa tsegumi bai ƙyale ta ba, kamar yadda ba ya ƙyale kowace 'yar fim a Kano.

A 1957, tana da shekara 28 kuma tana ganiyar kyanta, ta yarda ta fito a Mother India a matsayin Radha, matar ƙauye da ake bi da ita daga amarci har zuwa furfura. Wannan zaɓi shi ne ya bambanta ta da sa'o'inta. Labarin ya faro ne daga bashin rupi 500 da surukar Radha ta ci don hidimar biki, wanda mai ba da bashi da ruwa, Sukhilala, ya mayar da shi hanyar kwashe kashi uku cikin huɗu na amfanin gonarsu kowace kaka. Miji ya rasa hannayensa, kunya ta kore shi daga gida, ambaliya ta cinye abin da ya rage, Radha ta ɗora garma a kafaɗa ta ja kamar sa, ta kuma ƙi sayar da mutuncinta a kan abincin da 'ya'yanta ke kuka a kansa. A ƙarshe ita da hannunta ta harbe ɗanta Birju lokacin da ya sace 'yar Sukhilala. Bahaushiya ba ta buƙatar tafinta kafin ta gane bashin biki, da mugun mai kuɗi, da uwar da ta fifita kunya a kan ɗan cikinta, shi ya sa iyayenmu suka ɗauki fim ɗin tamkar labarin ƙauyensu. Shi ne fim ɗin Indiya na farko da ya shiga jerin masu neman lambar Oscar ta fina-finan harsunan waje, ita kuma ta sami lambar gwarzuwar jaruma a bikin fina-finai na ƙasa da ƙasa na Karlovy Vary a 1958.

A wajen ɗaukar fim ɗin wuta ta ƙwace ta kewaye ta, Sunil Dutt, sa'anta da ya fito a matsayin Birju, ya kutsa ya fito da ita, shi ma ya ƙone. Suka yi aure ranar 11 ga Maris, 1958, ta kuma janye daga fim ta zauna renon 'ya'ya uku. Babbansu shi ne Sanjay Dutt, wanda samarin Kano suka laƙaba wa Ɗan Daba Mai Lasin.

A nan ne na daɗe ina tunani, domin har zuwa wannan gaɓa tarihinta bai da maraba da na jaruman Kannywood: yarinya ta shiga da ƙuruciya, ta yi tashe, a yi ta surutu a kanta, ta yi aure ta bar harkar. Masu cewa aure ne ke kashe sana'ar matanmu ba su yi la'akari da cewa Nargis ma aure ya raba ta da kyamara ba. Bambancin yana cikin abin da al'umma ta yi da shekarun da ta riga ta bayar. A wurinmu idan jaruma ta yi aure cewa ake yi Allah ya rufa mata asiri, wani lokaci har a ce ta tuba, ma'ana aikin da ta yi abin ɓoyewa ne. Wasu ma da kansu suke roƙon a cire hotunansu daga intanet. Ita kuwa Nargis, a shekarar da ta yi aure gwamnati ta ba ta lambar girmamawa ta ƙasa mai suna Padma Shri, kuma da ta sake fitowa a wani fim na 1967, ita ce mace ta farko da ta karɓi lambar ƙasa ta gwarzuwar jaruma. Da wannan suna ta jagoranci tawagar masu wasa zuwa kan iyaka don nishaɗantar da sojoji, ta zama uwar ƙungiyar kula da yara masu lalurar ƙwaƙwalwa, sannan a 1980 aka naɗa ta cikin Rajya Sabha, majalisar dattawan Indiya, inda shugaban ƙasa ke da kujeru 12 da yake bai wa waɗanda suka yi fice a fasaha, adabi, kimiyya da hidimar jama'a. A can ne ta soki fitaccen darakta Satyajit Ray da cewa yana tallar talaucin Indiya a ƙasashen waje, maganar da nake ganin ba ta dace da bakin matar da duniya ta sani da jan garma ba.

Mu kuwa, a 2022 dattijuwa Ladin Cima, wadda ta shafe shekaru da dama tana wasa, ta faɗa wa BBC Hausa cewa 'yan dubbai kaɗan ake biyan ta, sai aka koma musu kan adadin kuɗin, maimakon tambayar ina aka ajiye aikin da ta yi. Indiya ta kafa ma'ajiyar fina-finai ta ƙasa a Pune tun 1964, kuma a Mumbai yau zan iya kallon Nargis ta 1949 tas. Fina-finan Hausa na shekarun 1990 a kaset aka yi su, zafi da ƙura sun cinye da yawa, har Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, sai a 2016 aka gano shi, aka kai Jamus aka gyara. Wanda yake son nuna wa ɗansa gwanintar marigayiya Hauwa Ali Dodo, sai dai ya yi ta laluben guntaye marasa haske a YouTube.

Kada a ɗauka ina wanke Indiyawa. Sun batar da Alam Ara, fim ɗinsu na farko mai magana na 1931, jaruma Meena Kumari ta rasu a 1972 tana da shekara 38 bayan rayuwa mai ɗaci, kuma a 2024 gwamnati ta cire sunan Nargis daga lambar ƙasa ta fim mai ƙarfafa haɗin kan al'umma, wadda aka daɗe ana bayarwa da sunanta.

Ciwon daji ne ya yi ajalinta ranar 3 ga Mayu, 1981, tana da shekara 51, bayan jinya a New York, aka kuma binne ta a maƙabartar Musulmi ta Bada Qabrastan da ke Marine Lines. Kwanaki kaɗan bayan haka aka buɗe fim ɗin Sanjay na farko a matsayin jarumi, aka bar kujerarta babu kowa a kai. Da na ba mahaifiyata wannan labari ta waya, ta yi shiru, sannan ta ce ashe Radha Musulma ce, ta yi mata addu'ar samun rahama.