Mu Ma Mun Taɓa Yin Tafin Nan

Samarin fadar da ke ƙofar gidana a nan Tawa, da ku nake, da sauran tsararrakinku. Daren jiya ina kwance ina jin gardamarku har shayi na uku ya huce. Wani cikinku ya ce dimokuraɗiyya kayan Turawa ce, soja kaɗai ke iya riƙe Nijar, saura kuma kuka ce haka ne. Ban fito ba, don tsoho in ya tsoma baki a fadar yara da tsakar dare sai a ce barci ne ya ƙi shi. Amma sau biyar ana juyin mulki a ƙasar nan ina da wayona, kuma a uku daga ciki na yi tafi har hannuna ya yi ja. Saboda haka ku ba ni aron kunnuwanku.

Ina ɗan lakwal Seyni Kunce ya kifar da Diori Hamani, ran 15 ga Afrilu 1974. Fari ya cinye dabbobi, yunwa ta kori mutane daga garuruwansu, ana ta raɗe-raɗin cewa hatsin agaji yana maƙalewa a hannun manya. Mun yi murna, mu yara har da guje-guje, duk da a wannan daren aka kashe matar Diori. Ba zan ci haƙƙin Kunce ba: ba ya wasa da dukiyar ƙasa, ma'aikaci kan zo aiki da wuri don bai san ranar da shugaban zai faɗo masa ba, kuma a zamaninsa aka shimfiɗa hanyar Tawa zuwa Arlit da kuɗin yuraniyam. Iyayenku sun ba ku wannan labari. Abin da suke tsallakewa shi ne, shekara goma sha uku muka yi babu jam'iyya, babu majalisar dokoki, mutum ba ya maganar gwamnati sai ya waiga hagu da dama. Sani Suna Siddo, wanda suka yi juyin tare, a 1975 aka kama shi, kuma a tsare ya rasu. Shi kansa Kunce ajali ne ya sauke shi, a wani asibitin Paris, cikin Nuwamba 1987. Da a ce mugu ne, wa zai iya ce masa ya isa haka?

To, ɗana mai cewa kayan Turawa, saurara. Ran 9 ga Fabrairu 1990, zamanin Janar Ali Saibu, ɗalibai suka taso daga jami'ar Yamai za su ƙetara gadar Kennedy, aka buɗe musu wuta, uku suka faɗi. Sa'anninku ne, wasu ma ba su kai ku ba. Jawabin da shugaban Faransa Mitterrand ya yi a La Baule, wanda ake cewa shi ya kawo wa Afirka jam'iyyu barkatai, sai bayan wata huɗu ya zo. A watan Mayu na shekarar kuma jini ya zuba a Cintabaraden, cikin jiharmu. Ɗalibai da ƙungiyoyin ƙwadago suka ƙi ja da baya har aka kira babban taron ƙasa daga 29 ga Yuli zuwa 3 ga Nuwamba 1991, Farfesa André Salifu yana jagoranta. Mun kwana da rediyo a kunne muna jin masu galan a kafaɗa suna amsa tambayoyi gaban jama'a, abin da ba mu taɓa mafarkinsa ba. Katin zaɓen da kuke rainawa, da jinin ƴaƴan Nijar aka biya kuɗinsa.

Ba wanke farar hula na zo yi ba. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma ƴan siyasarmu gwanayen tsaga bango ne. An zaɓi Mahamman Usman a 1993, ba a jima ba kalmar wasoso ta shiga bakin kowa. Mahamadu Isufu ya ajiye firaminista a 1994, ƙawance ya watse, zaɓen 1995 ya kawo Hama Amadu, aka shiga zaman doya da manja: shugaban ƙasa da firaminista ba sa ko iya zama taron ministoci lafiya. Ni lokacin ina mushe, wato malamin makaranta, alli a hannu, mukan yi watanni babu albashi, mai kanti ya gaji da rubuta sunana. Ran 27 ga Janairu 1996 da Kanal Ibrahim Ba'are Mainasara ya karɓe mulki, wallahi na yi tafi. Aka ce gyara za a yi a koma bariki. Kafin wata shida ya cika sai ga shi ɗan takara, ana tsakiyar ƙirgar ƙuri'a ya rushe hukumar zaɓe ya kafa wata, ita ta ce shi ya ci. Bashin albashi kuwa bai daina taruwa ba. Ran 9 ga Afrilu 1999 masu tsaron lafiyarsa suka harbe shi a filin jirgin Yamai, aka fito rediyo aka kira abin tsautsayi. Dauda Malam Wanke ya shirya zaɓe, ya miƙa mulki kafin shekarar ta fita.

Tanja Mamadu kuwa mun san shi tun yana prefe, wato shugaban jiha, a nan Tawa. Tsohon kanal ne, yana cikin waɗanda suka yi juyin 1974, amma da ƙuri'a ya hau, sau biyu, kuma talaka ya so shi. Sai masu kiɗan tazarce suka kewaye shi. A 2009 ya rushe majalisar dokoki, kotun tsarin mulki ta ce masa a'a ya rushe ta, ya yi zaɓen raba gardama ran 4 ga Agusta don ƙarin shekara uku. Samari irinku aka cika motoci da su, aka ba su riguna da jika-jika, suna ihun tazarce. Ran 18 ga Fabrairu 2010 Salu Jibo ya zo da bindiga, kuma da idona na ga wasu daga cikin masu rigunan nan suna yi wa soja kirari. Na yi tafina na uku. Salu ya cika alkawari, a Afrilu 2011 ya miƙa wa Isufu, sai dai wannan halinsa ne ya sa, babu wanda ke da ikon tilasta masa.

Juyin mulkin 26 ga Yuli 2023 da ya kifar da shugaba Bazum ku ma kun gani, ba sai na ba ku labari ba. Na fahimci fushinku. Sojoji 71 aka kashe a Inates a ƙarshen 2019, mutum 137 a yankin Tiliya a Maris 2021, sojan Faransa na ƙasar, ga badaƙalar sayen makamai da bincike ya tono. Da ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma, CEDEAO, ta rufe mana iyaka, Najeriya ta yanke wuta, magani da shinkafa suka yi tsada, ni ma raina ya ɓaci, ni ma na ce zancen ƙasa ne. Amma a wannan karon hannuna yana cikin aljihu. An rushe majalisun gundumomi a 2024. A Maris 2025 an rantsar da Janar Abdurahman Tiani na shekara biyar, wa'adin da ake iya ƙarawa, aka kuma rushe jam'iyyu duka. Ina roƙon Allah ya yi musu jagora, don in sun gyara mu za mu sha daɗi. Tambayata dai ita ce wadda ban yi wa Ba'are ba sai da lokaci ya ƙure: in abin bai yi ba, ta wace ƙofa za a sauya?

Kar wani ya ce na raina soja. Ɗan ƙanwata yana bakin daga yanzu haka, uwarsa ba ta barci. Aikinsu ginin umarni ne, na sama ya faɗa na ƙasa ya aikata, kuma a fagen yaƙi haka ya kamata, wanda ya tsaya musu zai jawo a kashe ƴan uwansa. Ƙasa kuwa cike take da manomi da makiyayi da ɗan kasuwa da malami, kowa da kukansa, dole a sami inda za a yi musu ba tare da an kwana a kaso ba. Kuma ku lura da wani abu: Ba'are da Bazum duk masu gadinsu ne suka juya musu. Duk shugaban da ya san haka, rabin hankalinsa yana kan bariki, yana auna wane hafsa zai matso da shi kusa, wane zai tura nesa. Hafsan da ya zama gwamna ko minista kuma, ai an rage mutum ɗaya ke nan daga masu tunanin Tiliya da Tasara.

Ku ma da laifinku, ƴaƴana. A zaɓen da ya wuce na ga waɗanda suka sayar da ƙuri'a a kan jika biyu da sukari, yau su ne kan gaba wajen zagin ƴan siyasa ɓarayi. Wa ya ɗora su? Cikinku nawa ne suka taɓa zuwa zaman majalisar gari su tambayi inda kuɗin harajin kasuwa ke tafiya, lokacin da ƙofar a buɗe take? Kuna ɗaukar duk abin da ya faɗo a WhatsApp ku tura, wanda ya yi tambaya ku ce masa ɗan Faransa, maci amanar ƙasa. A zamanin tazarce ma an yi wa masu tambaya irin wannan laƙabi, kafin shekara ta zagayo kowa ya koma cewa su ne masu gaskiya. Ku daina jifan abokin gardamarku da wannan kalma, don gobe tana iya dawowa kanku. Ku nemi dattijan unguwa da suka ga 1991 ku titsiye su da tambaya, tun suna raye.

Yau da dare in kun ɗora buta, ku aiko mini da na farko, mai ɗacin nan. Zan fito da kujerata da tsohon katin zaɓena na 1993, yana nan cikin akwati har ya yi ja. Shi kuma mai cewa kayan Turawa, kar ya sulale, kusa da ni zai zauna.