"Ai tsuntsu ne," in ji mai feshi

Jiya na rasa kanarina na biyu, kuma har yanzu raina bai huce ba.

Kyankyasai ne suka addabe mu, na kira mai feshi. Tun yana bakin ƙofa na nuna masa keji, na ce, "Malam, ina da tsuntsaye. Me ke cikin maganin nan, kuma sai yaushe zan mayar da su ɗaki?"

Ya dube ni, ya dubi kejin, ya ci gaba da saɓa tankinsa. "Hajiya, awa ɗaya ta isa."

"Ba ni kwalbar in karanta."

Ya miƙo wata farar jarka, ko harafi ɗaya babu a jikinta. Na ce wannan fa? Ya yi 'yar dariya ta gefen baki. "Haɗinmu ne. Shekara nawa ina aikin nan, ba wanda ya mutu."

"Ban ce mutum ba, tsuntsu na ce."

"To, ai tsuntsu ne."

Madalla da babban likita! Awa uku na bar su a waje, tagogi a buɗe. Da magariba kanarin yana ƙasan keji, baki a hangame, yana haki. Kafin asuba ya tafi. Da na buga waya, cewa ya yi wai ƙila kwanansa ne ya ƙare.

Gwanin bai san cewa ban da huhu, tsuntsu yana da jakunkunan iska ba, guba tana ratsa shi tun kafin mu ji wari. Shi ya sa masu haƙar kwal a Ingila suka riƙa shiga rami da kanari har 1986, don shi ke fara faɗuwa. Kanarina na farko ma iska ce ta kashe shi. Na manta kaskon nan da abinci ba ya kamawa a kan wuta, ashe in shafensa na PTFE, sinadarin da ke hana kamun, ya haura digiri 260 na Celsius, hayaƙinsa kisa ne ga tsuntsu. Kwalin kaskon ya gaya mini launi da faɗi, wannan kam ya yi shiru.

Wai ina hukumomin ne? Duk wanda ya sayi tanki ya zama ƙwararre, ba lasisi, ba mai tambaya. Maganin sauro, turaren fesawa, bilic, keji mai fentin dalma, in ma an rubuta gargaɗi, sai ka ɗauka tururuwa ce ta bi ta wurin. In ka yi magana, a ce ana ta mutane kina ta tsuntsu. To, iskar da ta kashe shi, jikokina wace suke shaƙa?

Akuna yana can gidan maƙwabta, ɗakin har yanzu wari yake. Kyankyasan kuwa, ɗazu na ga biyu suna yawonsu a bayan firji.