Zaluncin da ba ya barin tabo a jiki

Idan mace ta kai ƙarar mijinta wurin 'yan uwa, tambayar farko da ake jefa mata ita ce: "Ya taɓa dukanki?" Da ta ce a'a, magana ta ƙare. A ganina wannan tambayar ta jefa mata da yawa cikin halaka.

Akwai mijin da bai taɓa ɗaga hannu ba, amma wayar matarsa a hannunsa take kwana. Yana bin saƙonninta ɗaya bayan ɗaya. Albashinta asusunsa yake shiga, ko sabulu za ta saya sai ta kawo lissafi. Yau ya ce ƙawarta na hure mata kunne, gobe ya ce mahaifiyarta ba ta ƙaunarsa, har ta wayi gari ba ta da wanda za ta kira. In ta tuna masa abin da ya faɗa jiya, ya ce "ke dai kanki ya fara taɓuwa", har ta soma shakkar hankalinta. Ana yi wa maza ma, amma mata ne suka fi ɗanɗana kuɗarsu.

Kowane ɗaya cikin waɗannan kamar bai kai ya kawo ba. Haɗuwarsu ce ke zama keji. Shi ya sa Ingila da Wales suka mayar da irin wannan danniya laifi a 2015, da ɗaurin da ya kai shekara 5.

A Fabrairun 2020, a birnin Brisbane na Ostareliya, mijin Hannah Clarke ya banka wa motarta wuta, ita da 'ya'yansu uku suka rasu. Ta riga ta bar gidansa. Iyayenta sun ce shekaru yana sa mata ido kan sutura da waya, ita kuwa ba ta ɗauka zalunci ba ne, tunda ba duka.

Don haka masu cewa "ki tattara ki fita kawai" su yi hattara, domin lokacin rabuwa ne haɗarin ya fi tsanani. Kada a tunkari mijin da faɗa, a kanta zai huce. Kada kuma a yi fushi a yanke hulɗa da ita don ta ƙi jin shawara, abin da yake nema ke nan. A tambaye ta: "Kina jin tsoronsa?" A saurara. A taimaka mata ta ajiye takardunta da ɗan kuɗi da hujjojin barazana a inda hannunsa ba ya kaiwa, sannan a nemi lauya ko masu kula da irin wannan matsala kafin ta ɗaga ƙafa.